Rigar Masuncin da Na Wanke a Lyon

Cikin dukan kwanakin da na yi a wannan aiki, akwai wata Talata a Lyon da har yau ba ta bar raina ba. Ku sababbi da kuka shigo sashen tufafi kun sha tambayar abin da ya sa nake tsananta maganar katin kaya, wasunku ma suna cewa a bayan idona tsohon nan ya cika faɗa. Na ji, kuma ban musa ba. Zan ba ku labarin daki-daki yadda ya faru, don ku san inda faɗan ya samo asali.

Da farko, ga wanda bai san aikinmu ba. A gidan wasan kwaikwayo akwai mai tsara tufafi, shi ke zana abin da kowane ɗan wasa zai sa. Akwai teloli da ke ɗinkawa. Sai kuma mu, masu kula da kayan bayan an ɗinka: mu rataye, mu taimaki ɗan wasa ya sa ya cire cikin hanzari a bayan labule, mu wanke, mu goge, mu gyara abin da ya yage. Kowace riga tana da katinta. A jikin katin akwai layi uku: sunan mai sa ta, wurin da ake sa ta cikin wasan, da yadda ake wanke ta. Shef ɗinmu, wato shugabar sashenmu, a lokacin Madam Odile ce, Bafaranshiya mai shekara hamsin da ɗoriya. Ni kuma ina ƙarƙashinta, a mataki na ƙarshe.

Sunana Laminu, mutumin Damagaram ne. Karatun lakwal, wato boko, ban yi mai nisa ba. Kafin in shiga gidan wasa na yi shekara tara a wani shagon wanki da guga a unguwar Barbès ta Paris, kuma ba alfahari ba, ba a taɓa dawo mini da riga an ce da sauran tabo ba. A nan Madam Odile ta san ni, domin takan kawo mana manyan kaya da injin gidan wasa ba ya iya ɗauka. Da mataimakiyarta ta tafi hutun haihuwa, sai ta neme ni. Kwantiragin wata uku aka ba ni, da alkawarin in aikina ya yi kyau za a mai da ni na dindindin. A shekarar nan ce kuma takardar zamana a Faransa za ta ƙare, sabunta ta kuwa sai na nuna ina da tsayayyen aiki. Shagon Barbès sun riga sun ɗauki wani a gurbina. Ma'ana, in aka sallame ni daga gidan wasan, ba aiki kaɗai zan rasa ba.

Wasan da muke shiryawa na wani darakta ne mutumin Danmark. Ba zan faɗi sunansa ba. Ni a raina Dogo nake ce masa, domin in zai shigo ɗakinmu sai ya sunkuya. Ya kusa shekara saba'in. Abin da na ji daga ma'aikata shi ne, tun yana saurayi ya fara da fim a ƙasarsu, fim ɗinsa na farko a kan masuntan ƙauyensu ne, kuma shi ya fitar da sunansa. Ya yi finafinai da dama bayan nan, wasu suka karɓu wasu suka faɗi, sannan ya ajiye kyamara ya koma wasan dandamali, yana yawo tsakanin ƙasarsu da Jamus da Faransa. Yana da halaye da suka ba ni mamaki tun ranar farko. Ba ya yarda a ce masa Mushe, sai dai sunansa ƙiri-ƙiri, abin da bakina bai taɓa iyawa ba. Tare da masu shara yake cin abinci. Ba ya son takarda; umarninsa da baki yake bayarwa, sau ɗaya. Kuma kullum da safe ƙarfe goma kowa da kowa, daga shi har mai gadin ƙofa, sai an zauna a da'ira a kan dandamali, mai magana ya faɗi maganarsa a gaban kowa.

Wasan labarin wani tsohon masunci ne da 'yarsa. Mushe Bernard, dattijo mai furfura, shi ke fitowa a masuncin. Wata Claire ce 'yar. A ƙarshen wasan uban ya mutu, 'yar ta shigo ɗaki ta ga mantonsa, wato babbar rigar sanyinsa, a rataye jikin ƙusa, ta ɗauka ta cusa fuskarta ciki ta yi kuka. A nan ake rufe labule.

Ni na shigo ne saura mako biyu a gama gwajin wasan a Paris, a wani zaure kusa da Belleville. Sun riga sun yi kusan wata uku suna yi. Madam Odile ta ɗora ni a kan fararen riguna da kayan biki na tsakiyar wasan. Kayan masunta, da ke cikin akwati na uku, ita da kanta take taɓa su. Amma idona yana gani. Kullum Mushe Bernard ya fito da manton nan, sai in ji kunya ta rufe ni. Wuyan rigar ya yi baƙi ƙirin, hannayen duk kwalta, ga huji uku a fili, in ya wuce kusa da kai wari sai ya tsaya maka a maƙogwaro. Na ce a raina, dattijo kamar wannan, sa'an ubana, a fito da shi gaban jama'a a haka, mu kuma muna nan ana kiranmu masu kula da tufafi? Na ɗauka aiki ne ya yi wa Madam Odile yawa, ga mahaifiyarta tana kwance asibiti.

Ban tambaye ta ba. Ku lura da wannan, domin a nan kuskuren yake, ba a wurin wankin ba. Yadda aka rene mu, in ka ga babba ya gaza a wani abu, ba ka nuna masa da baki, don kada ya ji kamar ka ce masa bai iya aikinsa ba. Sai ka lallaɓa ka gyara, shi kuma ya gani ya yi shiru, kowa ya tsira da mutuncinsa. Da wannan tarbiyya na zo, kuma da ita na yi aiki.

Ga yadda kwanakin suka jeru. Ranar Asabar aka loda kaya a kamyo, babbar motar kaya, daga Paris. Lahadi na bi jirgin ƙasa zuwa Lyon, inda za a buɗe wasan ranar Alhamis. Litinin ranar hutu ce a gidajen wasa. Madam Odile ta ce sai Talata da rana za ta iso, saboda asibiti.

Litinin da safe na karɓi makulli wurin mai gadi, na shiga ni kaɗai. Na buɗe akwati na uku. Kwana biyu yana rufe, warin da ya fito sai da na ja da baya. Kaya goma sha biyu ne a ciki, har da manton. Na bi ƙa'ida, na duba katin kowanne. Layi na farko a cike, na biyu a cike, na uku, na wanki, babu komai. Na ce to, ba a hana ba ke nan.

Goma sha ɗayan ba su ba ni wahala ba. Manton ne ya ci mini yini. Ulu ne mai nauyi, asalinsa shuɗi mai duhu, tsufa ya mai da shi toka-toka. Na san ulu, ban sa shi a inji ba, ban kusanto da ruwan zafi ba. Na farko, na juya aljihunan, na kakkaɓe garin taba da ɓawon kifi da suka maƙale a ɗinki, na zuba a kwandon shara. Na biyu, na bi kwaltar hannayen da magani da ɗan buroshi mai laushi har ta fita. Na uku, na jiƙa shi a ruwan sanyi da sabulu, na matsa da hannu, na ɗauraye sau huɗu kafin ruwan ya fito fari. Na huɗu, na shimfiɗa shi a ɗakin busarwa. Talata da sassafe na dawo na nemi zare mai kalarsa na saƙe hujin nan uku, saƙar da sai ka kawo ido kusa kafin ka gane. Da na ɗaga shi a haske, wallahi na ji daɗin kaina. Ban taɓa yin aiki mai kyau kamarsa ba.

Ƙarfe biyu na rana aka fara gwaji. Masu fitilu suka roƙi a fara da fitowar ƙarshe, don haka Mushe Bernard bai sa kayansa ba, yana zaune a gefe da kofinsa. Ni na je na rataye manton a ƙusa, na koma bayan labule na tsaya inda zan ga komai. Dogo yana can cikin kujerun 'yan kallo.

Claire ta shigo a hankali kamar kullum. Ta miƙa hannu ta ɗauki rigar, ta cusa fuskarta. Kukan bai zo ba. Ta ɗago, ta kalli rigar, ta sake shinshinawa. Sai ta juya wajen kujeru ta ce da ƙaramar murya, "Sabulu nake ji."

Ban taɓa ganin mutum mai shekarun Dogo ya hau dandamali da irin saurin nan ba. Ya karɓi rigar da hannu biyu. Ya shinshina wuyan. Ya shinshina hannun dama, sannan na hagu. Ya zura hannu cikin aljihu, ya juyo shi waje, ya tsaya yana kallon farin ƙyallen. Sannan ya zauna daɓas a ƙasa da rigar a cinyarsa.

"Wa ya wanke?" ya ce. Bai ɗaga murya ba.

Na fito na ce, "Ni ne, Mushe." Kuma ina gaya muku gaskiya, har lokacin da kalmar ta fita bakina, wani ɓangare na zuciyata godiya yake jira.

Ya kalle ni, kallon da ba fushi a ciki, kamar wanda aka gaya wa magana da harshen da bai sani ba. Sannan ya tashi da ƙyar, ya rungumi rigar, ya fita ta ƙofar baya. Ba wanda ya motsa. Mushe Bernard ne ya zo ya kama gwiwar hannuna ya ja ni gefe.

"Laminu, ba wanda ya gaya maka?"

"Gaya mini me, Mushe?"

"Rigar ubansa ce. Masunci ne. Ya mutu tun darakta yana saurayi, rigar tana rataye a bayan ƙofa yadda ya bar ta. Da ita ya yi fim ɗinsa na farko. Sama da shekara arba'in ruwa bai taɓa ta ba. A cikin akwati mai murfin roba yake ajiye ta don kada warin ya gudu. Ni kaina sai na wanke hannu kafin in sa ta."

Na ce, "Sauran kayan fa?"

"Su ma ka wanke?"

Na gyaɗa kai. Ya dafe goshinsa. Ashe dattin da ke jikinsu aiki ne. Wata uku 'yan wasan suna sa su ba wanki bisa umarnin Dogo, Madam Odile kuma tana ƙara musu tsufa da hannunta. Ranar farko ta gwaji aka faɗi wannan a da'ira, tun ina Barbès ina guga.

Ƙarfe uku da rabi Madam Odile ta iso, jakarta ma ba ta ajiye ba ta rufe ƙofar ɗakinmu.

"Wa ya ce ka taɓa akwati na uku?"

"Madam, katin babu rubutu."

"Babu rubutu sai ka tambaya! Kana da waya, ina da waya!"

"Na ga aiki ya yi miki yawa, ban so in..."

"Ba ka so ka me? Ka dame ni? To yanzu ka hutar da ni!" Ta zauna a kan akwatin. Can ta ce, "Mutanen ofis sun riga sun kira ni. Kana cikin lokacin gwaji, suna iya sallamarka ba tare da wani dogon zance ba. Sun ce abin da darakta ya faɗa gobe a da'ira shi za a yi. Tafi yanzu. Kada ya gan ka yau."

Ba ni da kowa a Lyon sai Gwaggo Zeinabu, ƙanwar mahaifina, da ke zaune a unguwar Minguettes, a gefen gari. Mijinta Alhaji ɗan kasuwa ne, ya rasu shekaru da suka wuce, ta zauna nan kusa da 'ya'yanta. Na shiga metro, jirgin ƙarƙashin ƙasa, na canza zuwa tram mai bin titi, na hau bene na tara. A hanya tsoron da ke cikina ya juye ya zama haushi. Har na isa ina ta shirya hujjojina ɗaya bayan ɗaya.

Muka gaisa, ta tambayi mutanen Paris da na gida, na amsa a gajarce. Ta kalle ni ta ce, "Kai, wannan fuska ba ta gaisuwa ba ce. Me ka ɓata?"

"Gwaggo, ban ɓata komai ba. Gyara na yi za a kore ni. Riga na wanke."

"Ta ƙone?"

"Ko kaɗan. Fes ta fita. Shi ne laifin. Wai da dattinta suke so."

Ta kwashe da dariya har tana riƙe ciki. "Yo kai dai Laminu! Tun kana ƙarami haka kake, akuya ma in ta tsaya kusa da kai sai ka nemo sabulu. Nasaran nan kuma su da abin mamaki, a biya mutum albashi don ya yi gadin dauɗa! To ka tumurmusa musu ita cikin ƙasa mana, magana ta ƙare."

"Ba za ta yiwu ba, Gwaggo. Wai ta ubansa ce da ya mutu. Wai warin uban yake ajiya, shekara arba'in. Ki ji fa. Mutum da hankalinsa, da furfurarsa."

Dariyar ta tsaya cak. Ta daɗe tana kallona. Sannan ta dafa gwiwa ta tashi ta shiga ɗakinta. Na ji tana jan akwati. Ta fito da wani ƙunshi, leda cikin leda, a ciki kuma ɗankwali a ɗaure. Ta kwance a gabana. Hula ce, tsohuwa, bakinta ya yi duhu da maiƙon goshi.

"Shinshina," ta ce.

"Gwaggo..."

"Na ce shinshina."

Na kai hancina. Turaren nan nasa ne, da goro, da zufa. Sai ga Alhaji a gabana kamar yanzu zai ce in miƙo masa buta.

"Wa ka ji?"

"Alhaji."

"Da ita ya je Juma'arsa ta ƙarshe. Da aka zo rabon kayansa, na ɓoye ta cikin zanena. Malamai ba su sani ba, 'ya'yana ba su sani ba, yau kai ne na farko. In abin ya taso mini sai in rufe ƙofa in buɗe ta kaɗan, in yi sauri in ɗaure." Ta mai da hular cikin ɗankwalin tana ƙullawa. "Ranar da ka wanke mini wannan, Laminu, ko da ruwan zamzam ne, ni da kai sai a lahira."

Ban san lokacin da na sauko daga kujera na zauna a ƙasa ba. Duk hujjojin da na jera a tram suka watse. Garin tabar nan da na kakkaɓe cikin kwandon shara shi ya tsaya mini a ido.

Na ce, "To yanzu me zan ce masa? Haƙuri zan ba shi?"

"Haƙurin me? Kofi ka fasa mishi? Mutumin nan yau aka yi mishi mutuwa, kuma kai ka kawo saƙon. Gaisuwa za ka yi mishi, irin wadda ake yi wa wanda ubansa ya rasu. In ya kore ka bayan nan, ya kore ka. Amma kada ka kuskura ka buɗe baki ka ce kati."

Laraba ƙarfe goma aka zauna a da'ira, mu kusan talatin. Dogo ya zo a ƙarshe, idanunsa jajur, bai zo da rigar ba. Ya ce, "Laminu yana da magana, ina tsammani."

Na tashi. Na faɗi abin da na yi da Faransanci, tun daga karɓar makulli har saƙar huji na uku, ban rage ba ban ƙara ba. Ban ambaci kati ba. Da na gama sai na cire takalmana, na taka zuwa gabansa, na durƙusa. Na ji wani ya ja numfashi a bayana, domin Turawa ba su saba ganin haka ba. Na yi masa ta'aziyya da Hausa, cikakkiya, yadda zan yi wa kowane dattijo a Damagaram. Na tambaye shi ya haƙuri. Na roƙi Allah ya jiƙan mahaifinsa, ya sa ya huta, ya ba shi juriyar rashi.

Ya sunkuyo ya ce, "Me ka ce?"

Na fassara masa iyakar iyawata. Na ƙara da cewa, "A wurinmu haka ake yi wa wanda ya rasa uba. Jiya na sa ka sake rasa naka."

Claire tana share hawaye. Can ya ce, da Faransancinsa mai nauyi, "Ni ba na addini. Ubana ma ba ya yi. Amma na karɓa. Tashi, don Allah, ba na iya magana da mutum yana ƙasa."

Na tashi. Ya juya ga jama'a.

"Laifin nan wuri uku yake. Ni na faɗi magana sau ɗaya na ɗauka ta isa har ga wanda bai zo ba tukuna. Odile ta bar layi babu rubutu. Shi kuma ya gani bai tambaya ba. Nawa ya fi girma, domin ni na san abin da ke cikin akwatin."

Wannan ya girgiza ni kusan kamar na jiya. Tun da nake ban taɓa jin shugaba ya ɗora wa kansa laifi a gaban masu shara ba.

Sannan ya dube ni. "Ban yafe maka ba. Ba zan yi maka ƙarya ba, ban san ko zan iya ba. Amma korarka ba za ta dawo da komai ba. Kuma akwai kaya goma sha ɗaya da ke bukatar datti kafin gobe, ba na jin akwai wanda ya san inda kowane tabo yake kamar wanda ya fitar da su. Za ka zauna."

Haka aka yi. Ni da Madam Odile muka kwashe yinin Laraba da safiyar Alhamis muna ɓata kaya. Ta tafasa baƙin shayi a bokiti muka tsoma. Muka goge gwiwoyin wanduna da takarda mai yashi, muka kankare bakin hannaye da abin gurza cuku. Ta aike ni kasuwa na sayo kifi, muka shafa mansa a gaban riguna. Ni, Laminu, da na yi shekara tara ina yaƙi da tabo, ga ni a durƙushe ina murza wuyan riga da man takalmi, ina cewa, "A'a Madam, na nan ya fi wannan faɗi, kuma ya ɗan karkata hagu." Sau biyu cikina ya tashi. Ta ce in na yi amai in yi a kan wandon Bernard, kada a yi asara. Wannan ce dariyarta ta farko tun Talata.

Manton kuwa Dogo ya hana a taɓa shi. Madam Odile ta ce za ta iya mai da shi kamar da, ba mai ganewa daga kujera. Ya ce a'a, ba za a yi wa ubansa ƙarya ba. Aka sayo wani a wurin masu gwanjo muka tsufar da shi, da shi aka buɗe wasan ranar Alhamis. 'Yan kallo sun tafa. Amma Claire ta gaya mini daga baya, ba da nufin cin fuska ba, cewa sai da ta yi wasa goma kafin kukan ya sake zuwa mata da kansa.

Mun yi mako uku a Lyon. In mun haɗu da Dogo a hanya yakan gaishe ni, ba ya ƙarawa. Ranar da za mu koma Paris, da hantsi, ina ninke kaya cikin akwatuna, sai na ga ƙofa ta yi duhu. Ya sunkuyo ya shigo. Manton ne a jikinsa. Hannayen sun ɗan gaza masa.

Ya ce, "Shekara arba'in ban iya sa ta ba. Tsoro nake kada warina ya rufe nasa." Ya shafa gaban rigar. "Yanzu riga ce kawai. Tana da ɗumi."

Ya ɗaga gwiwar hannunsa ya duba inda na saƙe, ya daɗe yana dubawa. Ya ce, "Ɗinkinka yana da kyau." Ya juya ya fita. Har yau ban san ko yafewa ce ba, kuma ban ga ya dace in tambaya ba. Da wata ukuna suka cika aka mai da ni na dindindin, takardata ta fito. Ban sake aiki da shi ba, ya koma ƙasarsu bayan wannan wasan.

Abin da na koya kaɗan ne, amma da tsada na saye shi. A wannan sana'a ba kowane datti ne ƙazanta ba. Wani aikin wata uku ne, wani kuma shi ne abin da ya rage wa mutum na ubansa, kuma ido ba ya bambance su. Kunyar tambayar babba, wadda a gida ladabi ce, a nan tana iya zama ɓarna. Shi ya sa tun da na zama shef na hana a rataye riga da layin wanki babu rubutu. In ba a wankewa, a rubuta ba a wankewa, da jan biro, a sa hannu. In kuka ga layin a buɗe, ku neme ni, ko ina cin abinci ne.

Ni kaina ban warke ba. Har gobe in na buɗe akwati wari ya buge ni, hannuna yakan fara neman sabulu da kansa. Sai in mai da murfin, in sa hannun a aljihu, in tafi neman mai kayan.